Waƙar sallamar Dolly Parton da muryoyin da suka ɗauke ta

A shekarar 1967 ba za a lissafa manyan kiɗan kantiri na Amurka a tsallake Porter Wagoner ba. Mutumin West Plains ne a jihar Missouri, dogo siriri, mai tulin gashi a taje sama, kuma ba ya hawa dandamali sai da kwat mai walƙiya da aka yi wa ado da zanen ƙafafun keken doki. Yana da shirin talabijin na mako-mako mai ɗauke da sunansa, wani kamfanin magunguna na birnin Chattanooga ke ɗaukar nauyinsa, tashoshi da yawa a faɗin ƙasar suna nuna shi. Tsarin irin waɗannan shirye-shirye a wancan zamani kusan ɗaya ne: maigida a tsakiya, makaɗa a bayansa, mai barkwanci a gefe, sai mace guda ta fito ta yi waƙa ɗaya ko biyu ta koma. Wadda ke riƙe da wannan gurbi, Norma Jean, ta ajiye aiki a shekarar, sai Porter ya aika a kira masa wata yarinya 'yar shekara 21 mai suna Dolly Parton.

Dolly ita ce ta huɗu cikin 'ya'ya 12 na wani talakan manomi a tsaunukan gabashin jihar Tennessee. Washegarin ranar da ta gama sakandare a 1964 ta hau mota zuwa Nashville, cibiyar wannan kiɗa. Kafin muryarta ta fara ciyar da ita, alƙalaminta ne ya fara. Ita da kawunta Bill Owens suka rubuta "Put It Off Until Tomorrow", wani mawaƙi Bill Phillips ya rera ta a 1966 ta karɓu, kuma tun a lokacin su biyun suka kafa ɗan kamfaninsu, Owe-Par, domin riƙe haƙƙin mallakar abin da suke rubutawa. Yarinyar da ta shiga shirin Porter ta riga ta san bambancin mai waƙa da mai rerawa, kuma duk abin da ya biyo baya a kan wannan sanin ya ginu.

Farkon zamanta ba daɗi. A wuraren wasa sai 'yan kallo su yi ta kiran sunan Norma Jean tana tsaye a gabansu. Porter ya yi dabara ya fara rera waƙa tare da ita, murya biyu a haɗe, har mutane suka saba. Ya kai ta kamfanin RCA inda shi ma yake, suka ci lambobin ƙungiyar kiɗan kantiri ta CMA tare a 1968 da 1970 da 1971. Ba mai musun cewa shi ya ɗaga ta. Matsalar ita ce bai san ranar sauke hannu ba. Shi ke tsara kiɗa, shi ke yanke abin da za a ɗauka, ita kuma waƙoƙinta na ƙashin kanta sun fara wuce nasa: "Joshua" ta hau saman jadawalin kantiri a 1971, "Coat of Many Colors" ta fito bayanta a shekarar. Da ma shekara biyar ta yi niyyar yi, ta kai bakwai, kullum cikin sa-in-sa. Duk sanda ta ɗauko zancen tafiya, ba ya saurara.

Yadda Dolly ta sha ba da labarin, da ta ga magana ta ƙi, sai ta koma gida ta sa maganar cikin waƙa. Da safe ta shiga ofishinsa da jita, ta ce ya zauna ya ji. Ta rera masa "I Will Always Love You" daga farko har ƙarshe. Porter ya yi hawaye, ya ce ta tafi, amma da sharaɗin shi zai kula da ɗaukar wannan faifai. Ko a wajen sallama ma sai da ya nemi riƙe linzami.

Mutane da yawa suna ɗaukarta waƙar masoya, alhali babu soyayyar saurayi da budurwa a asalinta. Mijin Dolly, Carl Dean, a lokacin yana gida tun aurensu a 1966. Takardar barin aiki ce da aka rubuta cikin ladabi. Mai magana tana gaya wa ubangidanta cewa zamanta ba zai amfane shi ba, za ta tafi ba don ƙiyayya ba, kuma tana yi masa fatan alheri. Ta daɗe tana cewa rana ɗaya ta rubuta ta da "Jolene", daga baya ta sassauta ta ce a kan kaset ɗaya aka same su, don haka ko ba rana ɗaya ba, a tsakanin 'yan kwanaki ne.

An ɗauki waƙar a watan Yunin 1973 a situdiyon RCA da ake kira Studio B a Nashville, ɗakin da Elvis Presley ya ɗauki waƙoƙi sama da 200 a cikinsa. Sunan Bob Ferguson ne a jikin faifan a matsayin furodusa. Tsawonta bai cika minti uku ba. Jita na tafiya a hankali, akwai jitar ƙarfe mai zamiya da ke shiga tsakanin kalmomi, muryar Dolly kuma siririya ce, tana rawa a ƙarshen kowane layi. Babu inda ta ɗaga murya ta cika ɗaki. Da ta zo baiti na uku, inda fatan alherin yake, sai ta daina rerawa ta koma magana kawai, ƙasa-ƙasa, kiɗa na bin ta a baya. Yin magana a tsakiyar waƙa tsohuwar al'ada ce a kiɗan kantiri, Porter kansa gwaninta ne, sai ga shi da salonsa aka sallame shi. Wannan baiti na uku shi ne zai yi ta ɓacewa yana dawowa a tarihin waƙar.

An sanar da rabuwarsu a farkon 1974, faifan ya fito a watan Maris, ya hau saman jadawalin kantiri na mujallar Billboard a watan Yuni. A shekarar ne kuma Martin Scorsese ya sa ta a fim ɗinsa "Alice Doesn't Live Here Anymore". Amma dai a wajen masu sauraron kantiri ta tsaya. Jama'ar gari ba su san da ita ba tukuna.

Sai labari ya zo cewa Elvis yana son rera ta. A wancan lokaci babu marubucin waƙa a Amurka da ba ya mafarkin wannan kira. An gayyaci Dolly ta zo situdiyo ta ji da kunnenta, ta riga ta baza wa mutane labari. Ana gobe za a ɗauka, manajan Elvis, Kanar Tom Parker, ya kira ta. (Kanar ɗin na girmamawa ne, gwamnan Louisiana ya ba shi; asalinsa mutumin Holan ne da ya sauya suna.) Ya ce ai ta san ƙa'idarsu: Elvis ba ya rera waƙa sai an sallama masu rabin haƙƙin wallafarta.

A nan sai an ɗan tsaya a fahimci yadda kuɗin waƙa ke gudana a can. Kowace waƙa da ta fito tana da haƙƙi iri biyu. Akwai haƙƙin sautin da aka ɗauka, wanda galibi na kamfanin faifai ne, mawaƙi na samun kasonsa. Akwai kuma haƙƙin waƙar kanta, wato kalmomi da kari, wanda ke hannun marubuci da kamfanin wallafa. Na farko amfanin gona ne na damina ɗaya, na biyu kuwa gonar ce: duk wanda ya zo ya noma, sai ya ba mai ita nata. Tun 1909 dokar Amurka ta ce da zarar waƙa ta fito kasuwa, kowa na iya sake rera ta a faifai ba sai ya nemi izini ba, muddin zai biya ƙayyadadden kuɗi a kan kowane kwafi, wanda a shekarun Elvis santi biyu ne kacal. Ke nan Elvis ba ya bukatar amincewar Dolly kafin ya buɗe baki. Abin da Parker ke sayarwa shi ne sunan Elvis: ki ba mu rabi, mu kuma mu sa waƙarki ta sayu ninkin-ba-ninkin. Marubuta da yawa sun karɓi wannan ciniki. Otis Blackwell, baƙar fatan da ya rubuta "Don't Be Cruel" da "All Shook Up", ya ga an jera sunan Elvis kusa da nasa a matsayin abokin rubutu, ya haƙura saboda kuɗin da ke shigowa.

Dolly ta ce a'a. Hujjarta ita ce waƙar ta riga ta yi nasara da muryarta, ita ce mafi daraja a cikin abin da kamfaninta ya mallaka, kuma gado ce da za ta bar wa danginta. Ta ce ta kwana tana kuka, mutane suka ce ta haukace. Da idon wancan lokaci ma ba za a ga laifinsu ba: mace mai shekara ashirin da 'yan kai, wadda ba ta daɗe da barin inuwar ubangidanta ba, ta mayar da sarkin mawaƙa hannu rabbana. Elvis ya rasu a watan Agustan 1977 bai ɗauki waƙar ba. Dolly takan ƙara da cewa Priscilla, tsohuwar matar Elvis, ta gaya mata Elvis ya rera mata waƙar ranar da aka raba aurensu a kotu. Labari ne mai daɗin ji, sai dai an raba auren a watan Oktoban 1973, watanni kafin waƙar ta fito kasuwa.

Wadda ta rera ta ba tare da neman komai ba ita ce Linda Ronstadt, a kundinta "Prisoner in Disguise" na 1975, wanda Peter Asher ya shirya. Muryar Linda ta fi ta Dolly faɗi da nauyi, ta buɗe amshin ta ja shi, ta nuna cewa waƙar tana iya ɗaukar ƙarfi. Amma ta yar da baitin magana gaba ɗaya. Ba a yi wani ɗoki a kan wannan sigar ba a lokacin, ta zauna cikin kundi shekara 17 kafin a san amfaninta.

A tsakanin nan dangantakar Dolly da Porter ta lalace. Ya ci gaba da shirya mata faifai har 1976, daga nan ta ɗauki manaja a Los Angeles ta nufi kasuwar kiɗan zamani, "Here You Come Again" ta buɗe mata ƙofa a 1977. A 1979 Porter ya maka ta a kotu yana neman dala miliyan 3, bisa zargin saɓa yarjejeniya. Aka sasanta a wajen kotu, ta biya shi kusan dala miliyan ɗaya, suka yi shekaru ba sa ga-maciji. Duk tsawon wannan gaba, waƙar alƙawarin ƙauna da ta rubuta masa tana nan cikin jerin abin da take rerawa a kowane dandamali.

A 1982 ta sake ɗaukarta domin fim ɗin "The Best Little Whorehouse in Texas", inda ta fito a matsayin magajiyar wani gidan karuwai da hukuma za ta rufe, Burt Reynolds kuma ya fito a shugaban 'yan sandan yankin da ke son ta. A nan ne waƙar ta fara zama ta masoya a idon jama'a, domin a fim ɗin mace ce ke gaya wa namiji cewa aurenta zai ɓata masa suna. Kiɗan ya ƙaru da goge da kayan zaƙi irin na shekarun 1980, a ganina har ya ɗan yi yawa. Duk da haka ta sake hawa saman jadawalin kantiri a watan Oktoba, abin da ba kasafai ake gani ba: mawaƙiya ɗaya, waƙa ɗaya, ɗauka biyu, kowanne ya kai ƙoli.

Shekara goma bayan haka aka zo kan fim ɗin "The Bodyguard". Lawrence Kasdan ya rubuta labarin tun shekarun 1970, ya yi ta yawo a ofisoshin Hollywood ba a yi ba, sai da Kevin Costner ya ɗauke shi ya kuma nace sai Whitney Houston, wadda ba ta taɓa yin fim ba. Waƙar da aka tanada don rufe fim ɗin ita ce "What Becomes of the Brokenhearted" ta Jimmy Ruffin. Ana cikin shiri sai ga Paul Young ya rera ta a fim ɗin "Fried Green Tomatoes", dole aka nemi wata. Costner ya kawo shawarar waƙar Dolly, kuma sigar Linda Ronstadt ce ta isa hannun furodusa David Foster, a kanta ya fara gina tsarinsa. Da ya kira Dolly ya gaya mata, sai ta ankarar da shi cewa abin da ke hannunsa guntu ne, akwai baiti na uku, ta karanta masa shi ta waya. Ba don wannan kira ba, da sigar da duniya ta fi sani ta fito babu fatan alherin da aka gina waƙar a kansa.

Abu na biyu da Costner ya nace a kai shi ne Whitney ta fara da murya zalla, ba kiɗa. Foster bai so ba, yana ganin babu gidan rediyon da zai sa waƙar da ke farawa haka. Ya sha faɗa daga baya cewa shi ne bai hango ba.

Ga yadda sigar take ga wanda ya zauna ya saurara da kyau. Kusan daƙiƙa 45 na farko babu komai sai Whitney, har numfashinta ana ji, tana jinkirta kalma tana sakinta lokacin da ta ga dama. Sannan kiɗa ya shigo a hankali. Amshi na farko a tausashe, na biyu ya ɗan ƙaru, Kirk Whalum ya busa saksofon a tsakiya. Baitin da Dolly ta faɗa da magana, Whitney rera shi ta yi, tana hawa da shi mataki-mataki. Daga nan komai ya ɗauke ɗif na ɗan lokaci, aka buga ganga sau ɗaya, kari ya haura sama, muryar ta fashe da dukkan ƙarfinta. Wannan bugun ganga guda ya zama abin da yara ke gasar cankar lokacinsa a intanet har yau. A cocin New Hope Baptist da ke Newark Whitney ta koyi waƙa, a hannun mahaifiyarta Cissy Houston, kuma tsarin nan na farawa ƙasa a ƙare a sama na cocin baƙaƙen Amurka ne. Cissy ɗin nan tana cikin ƙungiyar Sweet Inspirations da ta yi wa Elvis amshi a Las Vegas a 1969. Waƙar da bai samu rerawa ba, 'yar mai yi masa amshi ce ta kai ta inda shi ma da wuya ya kai ta.

A cikin fim ɗin an bar alamar asalin waƙar. Akwai wurin da jaruman biyu ke rawa a wata mashaya, sigar kantiri da John Doe ya rera tana tashi a baya, jarumar tana zolayar mai gadinta a kan irin waƙoƙin baƙin cikin da yake so. Ba wannan ne karon farko da baƙar fata ya ɗauki waƙar kantiri, kiɗan da ake yi wa kallon na fararen karkara, ya cinye kasuwa da ita ba. Ray Charles ya yi haka a 1962 da "I Can't Stop Loving You" ta Don Gibson. Amma ga Whitney abin yana da wani nauyi, domin a bikin lambobin Soul Train na 1989 wasu sun yi mata ihu suna zargin waƙoƙinta sun karkata ga turawa.

Faifan ya fito a watan Nuwamban 1992 a ƙarƙashin kamfanin Arista na Clive Davis. Ya yi mako 14 a saman babban jadawalin Billboard, ya karya tarihin mako 13 da Boyz II Men suka kafa watanni kaɗan kafin nan, su kuma tarihin mako 11 na Elvis da "Don't Be Cruel" tun 1956 suka karya. A Birtaniya ya yi mako 10. Masu sharhi sun yi wa fim ɗin kaca-kaca, amma ya tara sama da dala miliyan 400, kundin waƙoƙinsa kuma ya sayar da kwafi fiye da miliyan 45. Dolly ta ce tana tuƙi ta fara jin sigar a rediyo, ba ta gane waƙarta ba ce sai da aka zo amshi, dole ta gangara gefen titi ta tsaya. A bikin Grammy na 1994 Whitney ta ɗauki lambar faifan shekara da kundin shekara, ita Dolly ce kuma tare da Foster suka miƙa mata lambar gwanar mawaƙa mata, a daidai lokacin da jaridun gulma ke yaɗa cewa suna gaba.

Idan za a tambaye ni wace siga ta fi, zan ce ba abu ɗaya suke faɗa ba. A bakin Dolly mai magana tana jin nauyin wanda take bari, shi ya sa ta kasa rera fatan alherin sai da magana. A bakin Whitney babu wannan nauyi, rantsuwa ce a bainar jama'a, kuma ƙarfin rantsuwar ya danne maganar tafiya har mutane suka manta da ita. Dalilin ke nan da ake sa ta a bukukuwan aure, ango da amarya suna rawa da waƙar rabuwa. Wajen gwanintar murya babu gasa, Whitney ta wuce. Wajen gaskiyar abin da aka rubuta kuwa, ta 1973 nake komawa. Sigar Whitney ta kuma haifar da annoba: shekara talatin ke nan masu shiga gasar waƙa a talabijin suna fasa maƙogwaro a kanta, sun kwaikwayi ƙarar sun bar haƙurin daƙiƙa 45 na farko.

Sai maganar kuɗi. A 1992 ƙayyadadden kuɗin nan ya kai santi shida da kwata a kan kowane kwafi a Amurka, kuma ana biyansa a kan faifan waƙar da kuma kundin fim ɗin. Ban da wannan, gidajen rediyon Amurka marubuci da kamfanin wallafa suke biya idan sun sa waƙa, ba sa biyan mai rerawa. Duk sanda muryar Whitney ta tashi a rediyo a can, asusun Dolly ne ke motsi. Mujallar Forbes ta ƙiyasta abin da ta samu daga wannan siga a shekarun 1990 kaɗai da dala miliyan 10. Da ta sa hannu a takardar Parker, da rabin kason wallafa ya tafi ga magadan Elvis. Ita kanta takan yi raha cewa abin da ta samu ya isa ta sayi Graceland, gidan Elvis. A 2021 ta bayyana cewa da wani ɓangare na kuɗin ta sayi ginin ofisoshi a wata unguwar Nashville da a lokacin baƙaƙe suka fi yawa, don tunawa da inda arzikin ya fito.

Daga nan waƙar ta fita hannun kowa. Whitney ta rera ta a Afirka ta Kudu a watan Nuwamban 1994, watanni bayan zaɓen Nelson Mandela. A Najeriya, inda kaset ɗin Jim Reeves da Don Williams da Kenny Rogers da ita Dolly suka daɗe suna yawo a motoci da gidajen rediyo, za ka sami wanda ya haddace "Coat of Many Colors" amma ya rantse cewa "I Will Always Love You" ta Whitney ce. Mafi ban mamaki shi ne Iraƙi: a ƙuri'ar raba-gardama ta Oktoban 2002, wadda aka ce Saddam Hussein ya ci ɗari bisa ɗari, sigar Larabci da wata mawaƙiyar Siriya ta rera ce aka riƙa sawa a matsayin waƙar kamfe. Waƙar da aka rubuta don barin maigida ta koma ta roƙon maigida ya zauna.

Dolly ta ɗauke ta karo na uku a 1995, tare da Vince Gill, murya biyu suna karɓa-karɓa. Ta tsaya a lamba 15 a jadawalin kantiri, ta ci lambar CMA a 1996. LeAnn Rimes ta rera ta tana yarinya, Beyoncé ta sa ta a wasanninta, Kristin Chenoweth ta ɗauke ta tare da Dolly a 2019, kuma kusan duk wanda ya taɓa ta bayan 1992 sawun Whitney yake bi, ba na mai ita ba.

Da Porter kuwa an shirya tun ƙarshen shekarun 1980. A watan Mayun 2007 aka yi bikin cikarsa shekara 50 a dandalin Grand Ole Opry. Ya tsufa, ya rame, yana zaune a kan kujera cikin kwat ɗinsa mai walƙiya, Dolly ta tsaya kusa da shi ta rera masa waƙar a gaban jama'a, yana share ido. Ciwon dajin huhu ya ɗauke shi ranar 28 ga Oktoban shekarar yana da shekara 80, kuma tana cikin waɗanda suka je gefen gadonsa a ranar ƙarshe.

Whitney ta rasu ranar 11 ga Fabrairun 2012 a wani otal a Beverly Hills, tana da shekara 48, ana gobe bikin Grammy. A daren bikin Jennifer Hudson ta fito ta rera waƙar. Mako guda bayan haka, a cocin da Whitney ta fara waƙa, Costner ya yi jawabi, kuma da sigarta aka fitar da akwatin gawar. Faifan ya koma jadawali har lamba 3, shekara 19 bayan saukarsa daga ƙoli. A 2020 Ɗakin Karatu na Majalisar Dokokin Amurka ya sa shi cikin sautukan da ake adanawa a matsayin kayan tarihin ƙasa.

Abu ɗaya da Dolly ba ta daina ambata ba shi ne muryar da ba ta ji ba. A kundinta "Rockstar" na 2023, tana da shekara 77, ta sa wata waƙa mai suna "I Dreamed About Elvis", inda take ba da labarin ta yi mafarki sun haɗu, ta ɗauko Ronnie McDowell, wanda ya yi suna wajen kwaikwayon muryar Elvis, ya rera ɗan yanki na tsohuwar waƙar tare da ita. Wannan ma ita ta rubuta.